Tambayoyi da Amsoshi Kan Tarihin Rumawa da Daularsu

Sunan Rum ba baƙo ba ne a kunnen Bahaushe. Almajiri yana karanta Suratur Rum, ɗan boko yana haɗuwa da Julius Kaisar a darasin tarihi, mai sauraron rediyo kuma kullum yana jin an ambaci tekun Bahar Rum. Abin da ya yi ƙaranci shi ne wanda zai ɗaure waɗannan zarurruka wuri guda. Tambayoyin da ke ƙasa su ne waɗanda ɗalibai da masu sha'awar tarihi suka fi maimaitawa. Inda aka rubuta K.M. ana nufin kafin Miladiyya, wato kafin haihuwar Annabi Isa (AS), kuma ƙirgar waɗannan shekaru baya-baya take tafiya: 509 K.M. ta riga 44 K.M. Shekarar da ba a saka mata alama ba ta Miladiyya ce.

Su wane ne Rumawa, kuma ina ne asalinsu?

Asalinsu mutanen gari ɗaya ne, Rum ko Roma, a bakin kogin Tiber, tsakiyar ƙasar da yau ake kira Italiya. Manoma ne da makiyaya da suka zauna kan tuddai bakwai kusa da mashigin kogin, inda hanyar fataken gishiri ta ratsa. Harshensu Latin. Daga maƙwabtansu, Etruskawa a arewa da Girkawa a garuruwan kudu, suka koyi rubutu da fasahar gini da al'adun bauta da dama.

Sai dai sunan "ɗan Rum" bai tsaya kan jini ko ƙabila ba. Ya koma matsayi na doka da ake iya ba baƙo, har ma da ’yantaccen bawa. A shekarar 212 sarki Caracalla ya ba kusan duk wani ɗa, wanda ba bawa ba, a faɗin daular wannan matsayi. Daga nan mutumin Siriya da na Masar da na Libiya da na Birtaniya duk Rumawa ne a gaban alƙali. Wanda ya riƙe wannan zai fahimci yawancin abin da ke ƙasa, musamman amsar yadda suka faɗaɗa da ta yadda suka faɗi.

Rumawa da Girkawa abu ɗaya ne?

A'a. Girkawa sun riga su wayewa, harshensu ma daban. Rumawa sun ci ƙasar Girka da yaƙi, suka ƙone birnin Koranti a 146 K.M., amma ilimin Girkawa ya rinjaye su: falsafa, likitanci, waƙa da sassaƙa duk daga can suka kwaso. Rabin daular na gabas bai taɓa barin harshen Girka ba, shi ya sa Rumawan da Larabawa suka sani da Girkanci suke magana. Duba amsar da ke kan Suratur Rum.

Gaskiya ne kyarkeci ya shayar da wanda ya kafa birnin?

Labarin da Rumawa da kansu suke bayarwa ke nan. Tagwaye biyu, Romulus da Remus, aka jefa su kogi suna jarirai, kyarkeci mace ta shayar da su, wani makiyayi ya rene su. Da suka girma suka yi saɓani kan inda za a kafa gari, Romulus ya kashe ɗan'uwansa ya raɗa wa garin sunansa, a shekarar da suka ƙayyade 753 K.M. Wannan tatsuniyar kafuwar gari ce, irin wadda kowace tsohuwar al'umma take da ita. Abin da masu tonon ƙasa suka gano a tudun Palatine shi ne ramukan ginshiƙan bukkoki na wajen ƙarni na 8 K.M., wato ƙauye ne ya girma sannu a hankali.

Yaya suka yi mulki kusan shekara 500 babu sarki?

Da farko sarakuna suka yi, bakwai bisa ga nasu tarihin. A 509 K.M. suka kori na ƙarshe, Tarquinius, saboda zalunci, suka kuma tsani kalmar "sarki" tsana mai tsanani. Sai suka kafa jamhuriya, suka raba iko don kada ya taru a hannun mutum ɗaya. Kowace shekara ana zaɓen shugabanni biyu da ake kira kwansul, kowanne yana iya taka wa ɗan'uwansa birki, kuma shekara na cika su sauka. A gefensu akwai majalisar Sanat, wadda sunanta ya fito daga kalmar Latin mai ma'anar tsoho. Da Hausa ta ce "Majalisar Dattawa", ta faɗi ainihin ma'anar kalmar.

Talakawa ba su samu haƙƙinsu a ruwan sanyi ba. A 494 K.M., da bashi ya yi musu katutu, suka fice daga gari gaba ɗaya suka ƙi zuwa yaƙi. Dole masu asali suka yarda a naɗa musu wakilai, tiribun, waɗanda ke da ikon dakatar da kowane hukunci da kalma ɗaya, "veto", wato "na hana". Tushen abin da yau muke kira hawa kujerar naƙi ke nan. Wajen 450 K.M. kuma suka tilasta aka rubuta dokoki a alluna 12 aka kafe a dandalin gari, don kada alƙali ya riƙa fito da doka daga aljihunsa.

Kada dai a ɗauka dimokuraɗiyya ce irin ta yau. An tsara zaɓen manyan muƙamai yadda ƙuri'ar masu dukiya ta fi nauyi, mata da bayi kuwa ba su da ta cewa.

Ta yaya ƙaramin gari ya mallaki duk kewayen Bahar Rum?

Mutane sukan ce sojojinsu ne. Gaskiya ne sojan Rum horarre ne: runduna guda, lejiyon, tana da mutum wajen 5,000, kuma duk inda dare ya yi musu sai sun haƙa gwalalo sun kafa sansani kafin su kwanta. Amma an sha cin su da yaƙi, ci mai muni. Sirrin yana wani wuri. Idan Rum ta ci wani gari a Italiya, yawanci ba ta ɗora masa haraji ba. Takan bar shi da shugabanninsa da gumakansa, ta ce abu ɗaya take so: duk lokacin yaƙi ya turo samari, ganima kuma a raba da su. Abokin gaban jiya ya zama sojan gobe. Da haka Rum ta mallaki rijiyar mayaƙa da ba ta ƙafewa.

Daga baya suka faɗaɗa wannan dabara zuwa ƙasashen waje. Baƙon da ya yi shekara 25 a rundunar taimako yakan fita da shaidar zama ɗan ƙasa da aka zana a farantin tagulla. A shekarar 48 sarki Claudius ya buɗe wa manyan Gaul, wato Faransa ta yau, ƙofar majalisa. Trajan, wanda a zamaninsa daular ta kai iyakar faɗinta a 117, daga Birtaniya har bakin tekun Fasha, haifaffen Sifaniya ne. A ganina babu wata daular zamanin da da ta iya mayar da bare ɗan gida kamar Rum.

Ɗaya fuskar kuwa ba ta da kyan gani. Garin da ya ƙi miƙa wuya, ko ya yi tawaye, ana karkashe mazansa a sayar da mata da yara. Duba amsar Kartaj da ta bayi.

Wane ne Hannibal, kuma me ya haɗa Rum da Kartaj?

Kartaj birni ne na ’yan kasuwa da masu jiragen ruwa kusa da Tunis ta yau. Sau uku suka gwabza da Rum tsakanin 264 da 146 K.M. kan wanda zai mallaki tekun. A karo na biyu janar ɗinsu Hannibal ya taso daga Sifaniya a 218 K.M. da dakaru da giwaye, ya ƙetare duwatsun Alps ya faɗo Italiya ta inda ba a zata ba. A Cannae, 216 K.M., ya yi wa rundunar Rum da ta fi tasa yawa zobe, ya hallaka dubun dubatansu a yini ɗaya. Wata ƙasar da nan take ta nemi sulhu. Rum ta ƙi ko sauraron manzonsa, yawancin ƙawayenta na tsakiyar Italiya kuma suka ƙi juya mata baya. Hannibal ya shafe shekara 15 a Italiya bai ci birnin ba, har janar ɗin Rum Scipio ya kai yaƙin gida Afirka ya doke shi a Zama a 202 K.M.

A 146 K.M. suka rushe Kartaj ƙurmus suka sayar da waɗanda suka tsira. Labarin da ake yawan ji cewa sun barbaɗa gishiri a ƙasar don kada komai ya sake tsirowa ƙari ne na marubutan baya. Lardin da suka kafa a wurin shi suka kira Afirka, sunan da Larabawa suka mayar Ifriƙiyya, daga bisani ya rufe nahiyar baki ɗaya.

Julius Kaisar sarki ne? Me ya kashe jamhuriyar?

Bai taɓa ɗaukar sunan sarki ba, kuma zargin yana neman sa ne ya jawo ajalinsa. Jamhuriyar ta fara rashin lafiya tun kafin a haife shi. Dukiyar yaƙi ta taru a hannun ’yan tsiraru, suka saye gonaki suka zuba bayi, ƙaramin manomi ya dawo daga fagen fama ya tarar ba shi da ƙasa. Tiberius Gracchus ya nemi a raba wa talakawa filaye, aka kashe shi a 133 K.M. Sojoji suka koma dogaro da janar ɗinsu don samun gona bayan sallama, biyayyarsu ta bar hukuma ta koma kan mutum.

Kaisar ya ci Gaul tsakanin 58 da 50 K.M. Majalisa ta umarce shi ya ajiye runduna, sai ya ƙetare rafin Rubicon da ita a 49 K.M., yaƙin basasa ya ɓarke, ya yi nasara, aka naɗa shi mai cikakken iko har ƙarshen ransa. Ranar 15 ga Maris 44 K.M. wasu ’yan majalisa ƙarƙashin Brutus da Cassius suka caccaka masa wuƙaƙe. Jamhuriyar ba ta dawo ba. Jikan ’yar'uwarsa, Octavian, wanda ya mayar ɗa a wasiyyarsa, ya doke abokin hamayyarsa Mark Antony da sarauniya Cleopatra ta Masar a Actium a 31 K.M. Shi ya fi kowa wayo: ya bar majalisa da zaɓe da duk tsofaffin muƙamai a tsaye, ya riƙe sojoji da baitulmali, ya kira kansa ɗan ƙasa na farko kawai. A 27 K.M. aka ba shi laƙabin Augustus, ya yi mulki har rasuwarsa a shekarar 14. Shi ne ake lissafawa sarkin daula na farko, kuma sunan Kaisar ya zama laƙabin magadansa.

Yaya matsayin bayi yake, kuma su wa ke faɗa a Colosseum?

Duk wanda ya yaba gine-ginen Rum ya kamata ya tuna wuyan da suka ɗauki duwatsun. A 167 K.M. kaɗai an kwashe mutum 150,000 daga yankin Epirus na Girka aka sayar. Bautar ba ta launin fata ba ce: akwai Girkawa, Jamusawa, Siriyawa, mutanen Gaul da na Afirka. Bawan gida mai ilimi yana iya zama malami ko magatakarda, amma na ma'adinai da manyan gandaye ajalinsa kusa yake. Spartacus ya jagoranci tawayen bayi daga 73 zuwa 71 K.M., da aka murƙushe su aka gicciye mutum 6,000 a jere a bakin hanyar Appia. Duk da haka ƙofar fita tana nan: bawan da ɗan Rum ya ’yanta bisa ƙa'ida yakan zama ɗan ƙasa. Pertinax, da ya hau mulki a 193, ɗan ’yantaccen bawa ne.

Masu faɗan takobi a dandali galibi bayi ne da fursunonin yaƙi da waɗanda aka yanke wa hukunci. An buɗe Colosseum, babban dandalin wasa na Roma, a shekarar 80, yana ɗaukar ’yan kallo wajen 50,000, kuma ganimar da aka kwaso daga Ƙudus a shekarar 70 ta shiga kuɗin gininsa. Zakuna da damisoshin da ake kashewa a ciki yawancinsu daga Arewacin Afirka ake kamo su.

Yaya rayuwar talaka take a cikin birnin?

A zamanin Augustus birnin ya kai mutum wajen miliyan ɗaya. Talaka yana haya ne a ɗaki guda a benaye masu hawa da yawa, masu saurin gobara da rushewa. Abincinsa burodi ne da fate, man zaitun, ruwan inabi da romon kifi mai gishiri. Gwamnati tana raba wa mutum wajen 200,000 alkama kyauta, mafi yawanta daga Masar da Arewacin Afirka, domin sarki ya san ranar da jiragen hatsi suka makara gari zai hargitse. Har yau akwai wani tudu a Roma, Monte Testaccio, wanda tarin fasassun tulunan man zaitun ne kawai.

Abin da ya sa birnin ya rayu ruwa ne. Tun 312 K.M. suka fara gina magudanan da ke jawo ruwa daga tsaunuka ta gangare, ba inji ba famfo, har suka kai 11, suna ciyar da wuraren ɗiban ruwa da gidajen wanka na jama'a. Kankarensu, wanda suke haɗawa da tokar dutse mai aman wuta, shi ya riƙe ƙubbar ɗakin bauta na Pantheon mai faɗin mita 43 har yau. Wanda ke son ganin titi da gidan burodi da rubutun bango yadda suke, Pompeii ce madubi, garin da tokar dutsen Vesuvius ta binne a shekarar 79.

Wane addini suke bi?

Gumaka da yawa suke bauta wa, irin su Jupiter da Mars, kuma ba su damu da abin da ke zuciyar mutum ba muddin ya yi yanka da turare don lafiyar sarki. Nan rikicinsu da Kiristoci ya samo tushe, don su sun ƙi. Annabi Isa (AS) ya rayu a zamanin Augustus da Tiberius, ƙasarsa tana ƙarƙashin Rum. Sarki Nero ya ɗora wa Kiristoci laifin gobarar Roma ta shekarar 64, sarki Diocletian ya ƙaddamar da mafi tsananin ƙuntatawa a 303. Shekara goma kacal bayan haka Constantine ya halatta addinin a 313, ya tara malaman coci a Nicaea a 325, a 380 kuma Theodosius ya mayar da shi addinin daula.

Rumawa sun taɓa zuwa ƙasar Hausa?

Ba su mulke ta ba, mulkinsu bai ƙetare Sahara ba. Amma gaɓar Arewacin Afirka, daga Masar zuwa Maroko, ta yi ƙarnuka tana cikin lardunansu mafi arziki. Kufan Leptis Magna a Libiya, Timgad a Aljeriya, El Djem a Tunisiya da Volubilis a Maroko suna nan. Septimius Severus, sarkin Rum daga 193 zuwa 211, ɗan Leptis Magna ne. Babban malamin Kirista Augustine kuma a Aljeriya ta yau aka haife shi a 354.

A kudu maƙwabtansu Garamantawa ne na Fezzan, kudancin Libiya ta yau, masu noma da ruwan ƙarƙashin ƙasa, waɗanda kayan hamada ke bi ta hannunsu. An rubuta cewa wani mai suna Julius Maternus ya bi sarkinsu tafiyar wata huɗu kudu zuwa ƙasar Agisymba, inda karkanda ke taruwa. Masana sun rabu kan wurin: wasu sun ce Azbin, wasu Tibesti, wasu yankin tafkin Chadi. Ta ɓangaren kogin Nilu kuwa, daular Meroe ta Sudan ta yi yaƙi da su a zamanin Augustus ƙarƙashin sarauniyarta, aka ƙare da sulhu. Mayaƙanta sun sare kan gunkin tagulla na Augustus suka binne shi ƙarƙashin matakalar wani ɗakin bauta, don masu shiga su riƙa taka shi.

Me ya rusa daular?

Rabin yamma ne ya rushe, kuma ba dare ɗaya ba. Tsakanin 235 da 284 sarakuna sama da 20 suka hau suka sauka, galibi ta bakin takobin sojojinsu. Aka riƙa rage azurfar da ke cikin kuɗi don biyan albashi, farashi ya yi tashin gwauron zabo. A 395 aka raba daular tsakanin gabas da yamma, rabon da bai sake haɗuwa ba. Gotawa, wata ƙabilar Jamusawa da mahayan Hunawa suka koro daga gabas, sun kashe sarki Valens a Adrianople a 378, suka wawashe Roma a 410. Bugun da ya fi illa shi ne na 439, lokacin da Bandalawa, wata ƙabilar Jamusawan, suka ƙwace Kartaj, wadda Rumawa suka sake ginawa ta zama rumbun hatsi da harajin yamma. Ba haraji, ba albashin soja. A 476 janar Odoacer ya tuɓe yaron sarki Romulus Augustulus, bai ga ma amfanin naɗa wani ba.

Ina ganin akwai abin da ake yawan tsallakewa. Yawancin Gotawan nan ƙasar noma da matsayi suke nema a cikin daular, irin abin da Rum ta saba ba baƙi tun farko. Wannan karon jami'ai suka cuce su da yunwa a bakin iyaka, a 408 kuma aka karkashe iyalan sojojinsu da ke zaune a garuruwan Italiya. Mazajen suka koma wajen Alaric, shugaban Gotawa, wanda ya shiga Roma bayan shekara biyu.

To Rumawan Suratur Rum su wane ne?

Su ne rabin gabas, wanda bai faɗi a 476 ba. Babban birninsu Ƙusɗanɗiniyya, Santambul ta yau, wadda Constantine ya ƙaddamar a 330. Sunan Bizantiyawa da ake gani a littattafan boko malaman Turai ne suka laƙaba musu daga baya. Su da kansu Rumawa suke kiran kansu, Larabawa da Farisawa ma haka. Sarkinsu Justinian ya tattara dokokin Rum wuri guda, ya kammala ginin babban cocin Hagia Sophia a 537.

Farkon surar yana magana kan kayen da Farisa ta yi musu, ciki har da ƙwace Ƙudus a 614, da bushara cewa za su yi rinjaye cikin ’yan shekaru. Hirƙal, wato Heraclius, ya juya yaƙin har ya doke Farisawa a Nineba a 627. Shi ne Manzon Allah (SAW) ya aika wa wasiƙa ta hannun Dihyatul Kalbi, kuma shi ya yi wa Abu Sufyan tambayoyin nan da aka sani. Musulmi sun gamu da Rumawa a Mu'uta a 629, suka ci su a Yarmuk a 636, Sham da Masar suka fita daga hannunsu. Amma birnin ya tsaya har 29 ga Mayu 1453, ranar da Sultan Muhammadul Fatih ya buɗe shi.

Me ya rage nasu a hannunmu yau?

Haruffan da kake karanta wannan da su, banda masu lanƙwasa irin su ɓ da ɗ da ƙ, na Latin ne. Kalandar Miladiyya gyaran da Julius Kaisar ya yi ce, da ɗan kwaskwarima daga baya. Yuli sunansa ne, Agusta na Augustus, Maris na gunkin yaƙi Mars. Satumba zuwa Disamba kuwa ma'anarsu wata na bakwai zuwa na goma, domin da can shekararsu da Maris take farawa. Faransancin da ake karatu da shi a Nijar da Chadi da Kamaru jikan Latin ne, haka Italiyanci da Sifaniyanci da Fotugis, kuma tsarin dokar farar hula da waɗannan ƙasashe suka gada daga Faransa tushensa dokar Rum.

Akwai ma abin da ya riga Turawan mulkin mallaka isowa, ya biyo ayarin raƙuma. Dinari na Larabawa daga kuɗin Rum ne, denarius, kuma masana harshe suna danganta kalmarmu ta zinariya da shi. Kalmar takarda ma suna mayar da ita ga "charta" ta Latin, wadda ta shiga harsunan Berber a zamanin da Rum ke Arewacin Afirka, ta iso bakin Hausawa ta hannun Buzaye.